Ni Na Jingina Wayar a Dokin Ƙofa

Shekara shida ke nan ina jin ana ba da labarin takabata a gidajen suna da na biki, kowa da irin gishirin da yake zubawa, ni da na yi takabar kuwa ina zaune ina murmushi kamar baƙuwa. To, na gaji. Ranar wanka ba a ɓoyon cibiya. Ku 'ya'yana biyar, da ku jikoki da kuka tashi kuka tarar ana cewa Rakiya ta ci amanar uwarta, ku buɗe kunnuwanku. Kai kuma babbansu, tun da na haife ka bakina bai taɓa kiran sunanka ba, sai dai in ce "wannan" ko "Alhaji ƙarami", saboda kunyar ɗan fari. Yau na ajiye kunyar a gefe, don ita ce ta kai ni ta baro. Mumuni. Ga shi na rubuta, kuma hannuna bai guntule ba.

Rakiya ce autata, kuma tun tana ƙarama idonta ba ya zuwa inda na mutane ke zuwa. A kai ta biki, kowa na leƙen amarya, ita tana can zaure tana kallon tsohuwar da aka bar wa gadin jakunkuna. Da ta gama sakandare ta ce za ta Ankara, babban birnin ƙasarmu, can nesa da Kumasin nan tamu, ta koyi haɗa fim, ni ce na ƙi. Babanku ne ya tsaya mata, Allah ya jiƙansa. Da ta fara aikin na ɗauka irin wanda muke kallo za ta kawo mana, mai soyayya da kishi da wanda za a kama a ƙarshe. Sai ga ta da wani abu na minti tara: tashar trotro, ƙananan motocin hayan nan, mutane a tsaye da kayansu, mota ta zo ta wuce, wata ta zo ta wuce, har abin ya ƙare ba wanda ya shiga. Na jira in ga ko za a yi faɗa. Ko tari ba wanda ya yi.

"Shi ke nan?" na ce mata. "Ina jarumin? Ina bos?"

"Mma, ni ba labari nake ɗauka ba," in ji ta. "Wurin da mutum ya baro can amma bai iso nan ba, shi nake ɗauka."

"Allah ya shirya. Kuɗin makaranta ya tafi a tasha."

Babanku yana kishingiɗe yana dariya har da riƙe ciki. Shekara arba'in ya yi yana sayar da kayan gyaran mota a Magazin, kasuwar makanikai da ke can Suame, shi kuwa komai da mota yake auna shi.

"Bar ta, Salamatu," ya ce. "Mu ma ai motar da ba ta mutu ba kuma ba ta tashi ba, ita ke ciyar da mu."

Ranar wata Talata da hantsi ya rasu, ya sa hula zai fita shago, ko jinyar kwana ɗaya bai yi ba. Na shiga takaba a ɗakin nan namu na Zango da kuka sani, mai kallon famfon tsakar gida. Wata huɗu da kwana goma, ba fita, ba ado, ba turare. Kwanakin farko ban san inda kaina yake ba. Mutane na shiga suna fita, kowa "sai haƙuri, Hajiya", har kalmar ta daina shiga kunnena. Washegarin sadakar uku, da ɗakin ya ɗan sarara, Rakiya ta zo ta zauna a ƙasa kusa da ƙafata.

"Mma, zan roƙe ki wani abu. In kin ce a'a, wallahi ba zan ƙara ta da maganar ba."

"Faɗi."

"Ina so in ɗauki dokin ƙofar nan. Ba fuskarki, ba fuskar kowa. Daga ƙasa kawai, inda ake tuɓe takalma, har ranar da za ki fita."

"Me za ki gani a dokin ƙofa?"

"Ke, Mma. Yanzu ba a ce miki matar Baba, kuma ba ki zama wadda ba tasa ba. Kina tsaye a ƙofa, ba ki ciki ba ki waje."

Cikin duk masu gemu da masu carbi da suka cika gidan nan, ba wanda ya faɗi abin da ke ƙirjina sai yarinyar da nake yi wa dariya. Ku ji da kyau abin da na ce mata, don a nan maganar take. Na ce, "Yoo, ɗauki." Da bakina, da hankalina, ba wanda ya matsa mini.

Wata tsohuwar waya ta kawo, ta jingina ta da gwangwanin madara daga cikin ɗaki, tana kallon ƙofa. Ta saita ta yadda za ta riƙa ɗaukar hoto ɗaya duk bayan 'yan mintoci, tun safe har magariba. Amma ita tana da aiki a Ankara, bayan sadakar bakwai dole ta koma, sai dai ta zo duk Asabar ta biyu ta kwashe hotunan. To, wa kuke tsammani yake kunna wayar sauran kwanakin? Aljani? Ni ce. Kullum in na idar da asuba sai in cire ta daga caji, in goge gilashin da bakin mayafina, in jingina ta da gwangwanin, in danna jan maɓallin da ta nuna mini. Ranar da iska ta kayar da ita na tashi na gyara. Ba zan ɓoye muku ba, aikin nan ne ya riƙe ni. Mace mai takaba ba ta da abin da za ta tashi dominsa da safe, ni kuwa ina da shi.

Makon farko takalma har tudu suke yi a ƙofar, sai mutum ya yi ta tono kafin ya sami nasa. Bayan bakwai suka ragu. Ranar arba'in suka dawo suka ci shinkafa suka tafi. Daga nan kuma sai siminti. Inuwar bango ta zo ta wuce, kaza ta zo ta leƙa, ruwan sama ya jiƙa wurin ya bushe. Takalmi ɗaya ne bai taɓa fashi ba: calewote, wato silifas na roba, shuɗi, an ɗaure igiyar ƙafa ɗaya da waya. Na Adiza ne, 'yar hayarmu mai sayar da koko, mutuniyar arewacin ƙasar nan, ba dangin iya ba na baba. Kullum in ta tashi daga kasuwa sai ta shigo da kofi a hannu, da Hausarta ta Zango da ba ta raba mace da namiji.

"Hajiya, ka sha koko. Ka rame paa. In ka mutu, wa zai yi mini faɗan famfo?"

Sai farin kambas na Rakiya, duk Asabar ta biyu. Ku ukun tsakiya ban riƙe ku a zuciya ba, aure da nema sun kai ku nesa, kuma kun yi abin da za ku iya. Amma kai, Mumuni, a Krofrom kake. Trotro ɗaya ne tsakaninmu, kai da ma motarka gare ka. Sai dai waya: "Mma, kasuwa ta riƙe ni, gobe in sha Allahu." Goben nan har yau ba ta waye ba. Ban taɓa yi maka ƙorafi ba, uwa ba ta ƙorafin ɗan fari, haka aka koya mana. Na haɗiye abina.

Ranar fitar takaba kuwa kai ne a gaba. Ka kafa rumfa har bakin titi, ka kawo masu girki, ka sa koren takalmin fatar nan da ka sayo a Makka, wanda kake cewa babu na biyunsa a duk Kumasi. Ka karɓi lasifika ka ce wa jama'a tun da mahaifinku ya kwanta dama ba ka taɓa barin rana ta faɗi ba ka zo ka ga mahaifiyarka ba. Aka yi ta sa maka albarka. Ina zaune cikin sabon leshi ina jin ka, na sunkuyar da kai, mutane suka ɗauka kuka nake yi.

Bayan wata uku Rakiya ta zo da fim ɗin a kwamfutarta, ta ce ba wanda zai gani kafin ni. Minti goma sha ɗaya ne. Ba magana, sai ƙarar famfo, da kiran salla daga nesa, da yaran mota suna kiran Suame, duk ita ta naɗa ta ɗora a kai. Takalma su taru su watse, haske ya shigo ya fita. Wata huɗu da kwana goma na rayuwata suka wuce a gabana kafin shayina ya huce. A ƙarshe sai ga ƙafafuna, ba takalmi, ɗaya ta ɗaga ta tsaya a kan dokin ƙofar, ta daɗe a nan, sannan hoton ya ɗauke. Na yi kukan da ban yi ba ranar da aka fita da babanku.

"Mma, in kai shi waje mutane su gani?"

"Kai shi," na ce. "A ga yadda abin yake."

Sau biyu ke nan na ba da izini, ku lissafa. Kuskurenmu ɗaya ne, ni da ita. Ita ta daɗe a Ankara, ta ɗauka in ta ɓoye fuska ta ɓoye mutum. Ni kuwa da aka haifa a Zango ba ni da uzuri. Garin da mace ke tsayawa a ƙofar gidan suna ta dubi takalma ta san ko abokiyar gabarta na ciki, ta juya? Garin da ake gane wanda ya makara masallaci daga inda ya ajiye takalminsa? A nan takalmi ai fuska ne. Na sani sarai, amma ranar hankalina bai kai can ba.

An nuna shi a wani ɗan zaure a Ankara, aka kuma kai shi ƙasashen waje, inda ba wanda ya san mu. Can wata 'yar Zango da ke aure a Turai ta gan shi, ta turo wa guruf ɗin matan unguwa a waya. Kafin Juma'a ta zagayo ya shiga kowane gida. Ba wanda ya damu da ƙofa ko tsakani ko abin da yarinyar ke nufi. Tsayar da hoton ake yi ana canke: wannan na wance ne, wancan na matar liman ne, kai, ashe wance sau ɗaya ta je? Koren takalmi kuwa makaho ma ya gane shi. Ya bayyana a makon farko, ya bayyana ranar arba'in, sai kuma ranar rumfa da lasifika. Na ji an ce a Magazin har abokan cinikinka na tambayar ka, "Alhaji, ina koren yake hutawa?"

Mai kaza a aljihu ba ya jimirin as. Ba ka zo wurina ka ce Mma na yi kuskure ba, da maganar ta mutu a ɗaki. Sai ka bi malamai da dattawa kana cewa ƙanwarka ta kafa wa uwarta na'ura a ɓoye tana cikin takaba, ta sayar wa Turawa sirrin gidan mamaci. Har ka ce wa mutane kana zuwa, ranakun da wayar ta mutu saboda ɗauke wuta ne ba a ɗauke ka ba. Kwana uku ne kacal wayar ta mutu, ni na sani tun da ni ke kunna ta. Ashe kai sai an yi dumso, an ɗauke wuta, kake ziyarar uwarka. Mata kuma suka fara raɗa cewa takabar da aka yi da kyamara a ɗaki ba ta karɓu ba, wai Alhaji babanku na can kabari ba a yi masa takaba ba. Wannan ce ta karya ni. Duk abin da za a ce a kaina zan ɗauka, ban da a ce ban yi wa babanku takaba ba.

Baba Seidu, ƙanen babanku, ya kira taro ranar Lahadi bayan azahar a tsakar gidan nan. Aka shimfiɗa tabarmi, maza a gaba, mata a baya, 'yan haya na leƙe ta tagogi. Rakiya ta taso tun daga Ankara da ƙafarta, ba wanda ya jawo ta. Ta zauna ita kaɗai a gefen famfo. Ka yi magana ka yi magana, Mumuni, har da hawaye. Abu ɗaya ka faɗa na gaskiya, cewa ba a tambayi masu takalman ba, kuma wannan laifina ne kamar yadda yake nata. Da aka ba ta dama ba ta ɗaga murya ba.

"Ban yi don in tona wa kowa asiri ba. In na ɓata wa wani, ya yafe mini. Amma ban yi a ɓoye ba kwaraa, ko kaɗan. Ga Mma nan, ku tambaye ta."

Baba Seidu ya juyo gare ni.

"Hajiya, tsakaninki da Allah, da saninki aka yi wannan abu?"

Na dubi ɗan farina, babban mutum mai iyali, yana zufa cikin babbar riga. Na dubi matan da ke jiran in ce e su tafi da ni a baki. Na dubi autata, tana kallona hankali kwance, don ba ta taɓa kawowa a ranta cewa akwai wata amsa ban da ɗaya ba. Na ce a raina, namiji in ya faɗi a gaban jama'a ba ya tashi, ita kuwa yarinya ce, tawa ce, za ta huce. Sai na ji bakina yana cewa:

"Ni ina cikin takaba, me na sani?"

Tsakar gidan ta ɗauki salati. Rakiya ba ta yi kuka ba, ba ta ce Mma ƙarya kike yi ba, ko da yake hotunan hannuna ina gyara wayar suna nan cikin kwamfutarta, da ta so da ta kunyata ni a take. Ta dube ni kawai.

"Yoo, Mma."

Ta ba kowa haƙuri, ta yi alkawarin janye fim ɗin daga ko'ina, ta ɗauki jakarta ta fita. Kuka bi ta da "Allah ya shirya". Da yamma Adiza ta shigo ba kofi a hannunta, ta tsaya a kaina.

"Hajiya, ni na gan ka. Kullum da safe kana goge waya da mayafi. Aden? Don me ka yi wa yaron ka haka?"

Na ce ta fita mini daga ɗaki. Mace ɗaya da ta shayar da ni koko wata huɗu, ita na kora, don ta faɗi gaskiya. Laifi tudu ne, na taka nawa ina hango na wasu, kuma na daɗe a kan tudun nan.

Rakiya ba ta huce ba. Kada ku ce ta yanke zumunci, ba ta yanke ba, da ma ta yanke da na sami abin riƙewa. Tana kira duk Salla, tana aiko da magungunana, tana tambayar ƙafata. Sai dai tun daga ranar ba ta ƙara ce mini Mma ba. "Hajiya, ina kwana. Hajiya, ya jiki." Kamar matar maƙwabta. Ta yi aure a can, ɗaurin aure kawai, ba wanda ya je daga gidan nan sai mutum biyu. Ta haifi 'ya mace, a waya na ga jikata. Ta janye fim ɗin kamar yadda ta ce, kuma na ji ba ta ƙara haɗa nata na kanta ba, tallan sabulu da na shinkafa take yi wa kamfanoni. Ku kuma kuka saba da labarin, har jikokina na faɗa wa juna cewa akwai wata gwaggo a Ankara da ba ta da kunya. Ina ji, ina shiru. Haushinka nake ji, Mumuni, har yau in na ga koren abu raina ɓaci yake. Haushin Baba Seidu nake ji da ya sa ni rantsuwa a gaban taro maimakon ya tambaye ni a ɗaki. Amma duk in na tara haushin nan bai kai rabin wanda nake ji na kaina ba.

Bayan Babbar Sallar da ta wuce na shiga mota ni kaɗai, ban gaya wa kowa ba, na tafi Ankara da ciwon gwiwata. Ta karɓe ni da mutunci. Ta ba ni ruwa, ta dafa mini tuwo da miyar ayoyo, ta ɗora mini yarinyar a cinya. Da mijinta ya fita na kama hannunta na ce ta yafe mini, ni ce na yi ƙarya, ni na san na yi. Ta bar hannunta cikin nawa, ba ta janye ba.

"Na yafe miki tun a mota ranar nan, Hajiya. Ba yafiya ce ta rage ba."

"To mene ne ya rage?"

"A tsakar gida kika faɗa, a gaban kowa. Yanzu kuma kin zo ɗaki, mu biyu, kin rufe ƙofa."

Na kwana biyu na dawo, na sayi littafin rubutu a bakin tasha, na fara wannan.

Saboda haka ga abin da za a yi, kuma ba shawara nake nema ba. Ranar Lahadi ta farkon watan gobe, bayan azahar, za a shimfiɗa tabarmi a tsakar gidan nan. Na aika wa Baba Seidu, ko a kujera ne a ɗauko shi. Matan unguwa su zo, ba sai an roƙe su ba. Adiza za ta zauna kusa da ni, na riga na je na durƙusa mata. Kai, Mumuni, kai za ka tashi ka karanta takardun nan da ƙarfi tun daga farko har ƙarshe, tun da Allah ya ba ka muryar taro. In ka ƙi zuwa, ko muryarka ta sarƙe a hanya, ni zan miƙe a kan gwiwar nan in faɗa da ka, na haddace. A ce takabata ba ta karɓu ba, wanda na yi dominsa ya fi su sani.

Na kira Rakiya jiya na gaya mata ranar. Ba ta ce za ta zo ba, ba ta ce ba za ta zo ba. Ta dai tambaye ni ƙarfe nawa za a fara.